Tantance Ma'aikatan Cikin Kwamfuta

Wani ne, mutumin Roni, aikin ofis ɗaya ya taɓa yi a duniya, shi ma na wucin gadi. An kafa kwamiti ne a wata ma'aikata don a zaƙulo ma'aikatan bogi, irin waɗanda albashi ke fita da sunansu amma ba wanda ya taɓa ganin ƙeyarsu. Kwamiti ya rasa mai kiran suna a bakin ƙofa, shi kuwa Allah ya hore masa maƙogwaro. Aka ba shi kujera. Zai kira suna, in mutum ya amsa ya shigo, ma'aikaci ne. In aka ji shiru, shugaban kwamiti ya ce, "A goge shi." Da aiki ya ƙare aka sallami kowa, amma gogan naku bai sallami kansa ba. Har gobe in ya shiga gidan biki ya ga mutane zazzaune suna jiran tuwo, za ku ji yana ƙunƙuni: "Rabin nan na bogi ne."

To, yana da ƙanwa, Nafisat, mai shagon buga takardu a Kazaure, dab da tasha. Kwamfuta ɗaya ce tsohuwa, sai firinta, sai injin fotokwafi. Kuma yana neman aure a Babura, wajen Bahijja 'yar Alhaji Maikasuwa mai hatsi. Ranar da Alhaji ya tambaye shi sana'arsa, bakinsa ya riga shi magana: "Injiniyan kwamfuta ne, Baba. Muna da shago a Kazaure."

Muna, in ji shi.

Da auren Muhsin ɗan Alhaji ya matso, sai Alhajin ya aiko da sunaye da hoto a yi masa katin gayyata a shagon surukin gobe. Ya ce kada a buga sai ya zo ya duba da idonsa. Nafisat ta zauna ta tsara kati tsaf. Ranar da Alhaji zai zo kuwa ta faɗo daidai da bikin suna a gidan ƙawarta a Gwiwa. Ta ɗaura gwaggwaro, ta zaunar da yayan nata gaban kwamfuta.

"Yaya, ga katin nan a buɗe. In Alhaji ya duba ya yarda, ka danna nan. Nan kawai."

"Ke, ni za ki koya wa?"

"Ba koya maka nake ba, Yaya. Roƙonka nake. Nan kawai."

Ta hau babur ta tafi.

Da hantsi sai ga Alhaji Maikasuwa, babbar riga, goro a kumatu. Gogan ya zube ƙasa yana gaisuwa har hularsa ta faɗi. Alhaji ya zauna a benci, ya tuɓe takalmi, ya naɗe ƙafa ɗaya. Kun san maganar masu hatsi, a hankali, kamar da tiya ake auno kowace kalma.

"Yaro. Gobe Juma'a. A masallaci za a raba katin nan. Yau zan ga injiniyancin naka da idona. In na hau motar la'asar da kati a hannuna, ka turo magabatanka a yi maganar Bahijja. In na hau hannu biyu ba komai a ciki, to, mun gaisa."

"An gama, Baba."

Alhaji ya sa tabarau, ya bi sunaye ɗaya bayan ɗaya, ya dubi hoton Muhsin, ya ce ya yi. Da mutumin nan ya danna inda aka ce ya danna, da yanzu Bahijja tana goyo. Amma a daidai lokacin sai wani ɗan rubutu ya leƙo daga kusurwar allo, da alamar gargaɗi a jikinsa.

"Mene ne wancan yake leƙenmu?" in ji Alhaji.

Gogan ya matsa, ya haɗa ɗan Turancinsa. "Cewa take ta kusa cika, Baba. Wai wuri ya ƙare mata."

"Ta cika da me?"

Ya gyara zama. Ya gyara hula. Wata irin murya ta fito masa, wadda rabonsa da ita tun bakin ƙofar kwamiti.

"Abin da za mu tantance ke nan."

Wuri na farko da ya buɗe, finafinan Nafisat ne da bidiyon bukukuwan ƙawaye, tuli guda. Su ne suka cinye cikin kwamfutar kaf, ko akuya ta gani za ta gane. Ya danna na farko. Nan take wata mata ta bayyana tana rera waƙa tana juyi.

"Ka gani, Baba? Kira ɗaya ta amsa."

"Madalla. 'Yar albarka."

Ya danna na biyu, aka saki guɗa. Na uku, wasu mata suna raba shinkafa a gidan biki.

"Duk waɗannan suna bakin aikinsu. Sun tsallake."

Ya ci gaba da kutsawa, daga wannan ɗaki zuwa wancan, har ya iso wani wuri da kwamfuta ta tare shi da rubutu. Ta ce fayilolin da ke nan a ɓoye suke, na tafiyar da na'ura ne, kada a taɓa.

"A ɓoye," in ji shi, yana jinjina kai. "Baba, mun zo gidan."

Ya buɗe. Jama'a, fayiloli suka zubo kamar buhun gero ya fashe. Yana jan allo ƙasa suna zuwa, yana ja suna zuwa. Sunaye ba daɗin faɗa, kowanne da ɗan wutsiyar haruffa a bayansa. Ya ƙura musu ido can, sai ya bugi tebur.

"Dubi nan, Baba. Wannan Di'el'el. Wannan ma Di'el'el. Wannan Sis, wannan Sis. Gida biyu ne kacal suka cika ma'aikatar nan da danginsu. Kuma dubi kwanan watan. Duk rana ɗaya aka ɗauke su. Har sa'ar ɗaya ce."

Alhaji ya sauke ƙafarsa ƙasa, ya jawo benci.

Gogan ya yi gyaran murya, ya kira sunan na farko da ƙarfi, har mai sayar da rake a waje ya waiwayo. Ya danna. Ba waƙa, ba hoto. Sai wani akwatin rubutu ya fito yana tambaya da me ake so a buɗe wannan fayil.

"Ka ji, Baba? Na kira shi, bai fito ba. Ya aiko a tambaye ni ni wane ne."

"Aikin me yake yi a nan?"

"Ba ya waƙa. Ba ya hoto. Ba ya rubutu."

"Yana cin wuri?"

"Yana ci."

"Na san irinsu," in ji Alhaji. "Ina da su a 'yan dako. Lokacin lodi ba ka ganin kowa. A kawo fura, sai ka rasa inda suka ɓullo. Kore shi."

Ya danna gogewa. Kwamfuta ta ce wannan sai da izinin mai gudanarwa.

"Yana da ubangida ke nan," in ji gogan. "Yau ni ne mai gudanarwa." Ya ba kansa izini, fayil ya ɓace.

Daga nan aiki ya kankama. Shi yana kira, Alhaji yana yanke hukunci. Wasu in an zo goge su sai kwamfuta ta ce ba zai yiwu ba, wannan ana amfani da shi yanzu. Sai gogan ya ɗaga masa hannu.

"Yana bakin aiki. Allah ya yi maka albarka. A ƙara masa girma."

Can suka ci karo da wani fayil mai sunan firinta a jikin sunansa. Gogan ya dubi allo, ya dubi firintar da ke kan tebur, ya sake duban allo. Sai ya yi wata dariya ta hanci.

"Baba, ga babban ɓarawon. Firinta ga ta nan, muna ganinta, har ƙura ce a kanta. Shi kuma wannan ya shige ciki yana karɓa da sunanta."

"Baiwar Allah tana nan tana shan zafi," in ji Alhaji, ya shafa kan firintar. "Kore shi. Ka duba ko yana da 'yan'uwa."

Yana da su kuwa, da yawa. Duk aka kore su. Aka samu mai karɓa da sunan sifika, aka kore shi. Aka samu mai karɓa da sunan maus, ɗan abin nan da ake ja a kan tebur kibiya tana yawo a allo. Gogan ya ɗaga maus ɗin sama ta wutsiya, ya nuna wa allo.

"Ga mai sunan nan a hannuna. Kai kuma fa?"

Shiru. Aka goge shi.

Suna cikin haka wuta ta ɗauke. Gogan ya fita ya ja janareta, ya dawo yana share gumi, ya kunna kwamfuta. Ta taso, amma ba ta yi ɗan kiɗan sallamar da ta saba ba.

"Yau ba gaisuwa?" in ji Alhaji.

"Kunya take ji, Baba. An tona mata asiri. Bari mu buga katin."

Ya buɗe kati, ya danna inda Nafisat ta nuna masa. Firinta ko motsi. Ya sake dannawa. Sai rubutu ya fito: ba a sami firinta ba.

"Ba a same ta ba? Ga ta nan kusa da ke, kafaɗarku na gugar juna."

Ya kama allon kwamfutar da hannu biyu, ya juya shi ya fuskanci firinta.

"To, ga ta. Kalle ta da kyau."

Ya danna. Ba a sami firinta ba.

"Ko dai gaba suke?" in ji Alhaji. "In gaba ce a sasanta su. Ke," ya ce da firinta, "ke ce babba ko ita?"

Gogan ya koma wajen matar nan mai waƙa, ya danna ta. Ta fito tana juyi, baki yana buɗewa yana rufewa, amma ko tari ba a ji. Ya ƙure sifika. Shiru. Ya koma kan kujera a hankali, ya haɗa yatsu.

"Baba, na gane. Yajin aiki ne."

"Yajin aiki?"

"Haka suka yi mana a kwamiti. Ka taɓa na bogi, na gaskiya su ajiye aiki, wai goyon baya. Ita wannan ta zo ofis amma ta ƙi buɗe murya. Firinta kuwa ta shiga ƙungiya."

"Mu da muka ƙwato mata haƙƙinta?"

"Haka suke, Baba. Maganinsu ɗaya, a kama shugabanni."

"Ya za a yi ka gane shugabanni?"

"Masu ƙiba."

Ya jera fayilolin daga babba zuwa ƙarami, ya fara daga sama. Wanda ya gogu ya gogu, wanda ya ce yana bakin aiki a yi masa addu'a a wuce. Alhaji ya hango wani ɗan mitsitsi can ƙasa, ya ce, "Wancan ƙaramin a bar shi. Ƙila maraya ne."

"Baba, ƙananan nan su ne 'yan kai rahoto."

"To, kai ka san aikinka."

Sai ga Sama'ilu ɗan kamasho daga tasha, wanda Alhaji ya bar wa sallahun kujerar gaba. Ya leƙo da kai, ko sallama bai ƙarasa ba.

"Alhaji, motar Babura ta kusa cika fa. Akwai wata Hajiya da ke ta zagaya kujerarka."

"Ka ce mata da mai ita. Muna kan tantancewa."

Sama'ilu ya dubi allo, ya dubi gogan, ya dubi firinta, ya ce, "Allah ya ba da sa'a," ya tafi.

Wayar gogan ta yi ƙara. Nafisat ce, ana jin hayaniyar mata da kukan jariri a bayanta.

"Yaya, an buga?"

"Ana kan shiri."

"Wane shiri? Danna ɗaya ne fa."

"Nafisat, tsakaninki da Allah zan tambaye ki. 'Yan gidan Sis ɗin nan, ke kika ɗauke su aiki, ko a ciki kika same su?"

Nafisat ta rage murya.

"Yaya. Ɗauke hannayenka daga kan teburin nan. Ka sa su a aljihu. Ga ni nan zuwa."

Ya ajiye waya, ya dubi Alhaji, ya girgiza kai.

"Ka ji, Baba? Har sun kai ƙara wajenta. Dole mu gama kafin a zo a sa baki."

Ya ce bari a kashe kwamfutar a sake kunnawa, a ba masu yaji dama su yi tunani. Da ta taso, sai komai ya kumbura. Ɗan hoton da a da bai fi ƙwayar gyaɗa ba ya koma kamar ƙosai. Rubutu ya yi manya-manya, launi ya dagule.

"Alhamdu lillahi," in ji gogan. "Ka ga amfanin aikin? Waɗanda suka rage har sun fara ƙiba. Abinci ya ishe su."

Ya buɗe katin da ƙyar. Hoton ango ya cika allo, kumatu har kunne, fuska kore-kore, hula kamar an zauna a kanta. Alhaji ya cire tabarau, ya goge, ya mayar.

"Wannan wane ne?"

"Muhsin ne, Baba."

"Muhsin ɗina? Wanda iska ke kaɗawa? Yaro, in aka raba wannan a masallaci, dangin amarya za su ce an canza musu ango."

"Hutu ne ya karɓe shi, Baba."

Ya kai hannu ga maus. Kibiya ta tsaya cak a tsakiyar hancin Muhsin. Ya ja dama, ya ja hagu, ba ta motsa ba. Ya ɗaga maus ya hura masa iska. Ya goga shi a riga. Ya kai shi kunne ya girgiza.

"Kai ma? Kai da na nuna wa duniya cewa kai ne na gaskiya?"

"Tun ɗazu nake lura da shi," in ji Alhaji. "Ba ya haɗa ido da mutane."

Wani zai tsaya a nan. Gogan bai tsaya ba. Ya tuna ya taɓa ganin Nafisat tana yawo a allo da maɓallan kibod. Ya lallaɓa da su, taki ɗaya-ɗaya kamar mai tsallaka rafi, har ya koma gidan ɓoyayyun. Can ya hango wani fayil mai gajeren suna, Hal, ɗan gidan Di'el'el. Ba shi da ƙiba, ba shi da hayaniya.

"Baba, ka ga wannan? Kowa sunansa dogo, shi nasa haruffa uku. Manya ne ke haka. Shi ne ke zuga su."

Ya miƙe tsaye don wannan kiran. Ya kira Hal da muryar da ta sa mai rake ya matsar da baronsa gaba. Hal bai fito ba.

"Baba?"

Alhaji ya tauna goro, ya yi nazari kamar mai sayen buhu ɗari.

"Kore shi."

Aka kore shi. Gogan ya kashe kwamfuta, ya ce yanzu za a ga ladabi. Ya kunna. Allo ya yi baƙi ƙirin. Sai wani ɗan farin rubutu a sama, layi biyu, shi ke nan. Suka jira. Janareta na ta ruri a waje. Suka ƙara jira.

"Me ta ce?"

Gogan ya karanta. "Ta ce ba za ta tashi ba. Wai Hal ba ya nan. Sai an dawo da shi."

"Da sunansa ta kira shi?"

"Da sunansa, Baba." Sai kuma fuskarsa ta washe. "Ka ga ai ban yi kuskure ba. Shi ne shugaban."

Ya durƙusa gaban akwatin kwamfutar, ya sassauta murya, wai zaman sulhu. Ya ce mata kwamiti a shirye yake ya duba koke. Ya ce a buga kati tukuna, maganar Hal a zauna bayan biki. Ya yi mata alkawarin sabon mayafin ƙura. Alhaji ma ya sunkuyo ya ce, "Ki dubi girmana, daga Babura na zo." Kwamfuta dai layi biyun nan, ba ƙari.

A haka Nafisat ta same su, manya biyu durƙushe gaban ƙarfe. Gwaggwaronta ya karkace saboda gudun babur, ga ƙullin naman suna a hannu. Ta gaida Alhaji har ƙasa, ta miƙe, ta dubi allo. Ta daɗe tana dubansa.

"Yaya, me ka yi?"

"Na rage miki nauyi. Mutane ne cike a cikinta, ba sa komai. Har da mai karɓa da sunan firinta."

Ta ajiye naman a kan injin fotokwafi, ta juya wajen Alhaji, don ta san in ta dubi yayanta za ta yi abin da ba a yi gaban suruki.

"Baba, firintar nan ƙarfe ce da roba. Kwamfuta ba ta jin yarenta, ita ma ba ta jin na kwamfuta. Wancan fayil ɗin da ya goge shi ne tafintansu. Sifika da nata, maus da nasa, allo da nasa. In tafinta ba ya nan, ko sun kwana a tebur ɗaya ba wanda ya san wani."

"Kamar in Buzu ya kawo raƙumi kasuwa," in ji Alhaji a hankali, "ba dillali."

"Haka, Baba. Hal ɗin kuma shi ne tsakanin kwamfutar da ƙarfen jikinta gaba ɗaya."

"Wato dillalan kasuwar ya kora kaf, ya bar masu rawa." Alhaji ya juya ya dubi gogan. "Ai ni tun farko sai da na ce a bar ƙaramin nan."

"To, in ma'aikata ne," in ji gogan, "me ya hana su amsawa? Na kira su, Baba shaida ne."

"Yaya, ba kai suke amsa wa ba. Kwamfuta ce ke kiransu, ita suke amsa wa."

"Ni ne fa kwamiti."

Nafisat ta rufe ido, ta buɗe. "Tsaya. Ba a rasa komai ba tukuna. Duk abin da aka goge ba ya tafiya nan take, kwandon shara yake faɗawa. In suna cikin kwandon, zan ari faifai a maƙwabta in tashe ta, in mayar da kowa wurinsa. Kafin Baba ya gama alwala an buga kati."

Alhaji ya gyara zama. "Wato wanda aka kora, in yana kwando, ana iya dawo da shi?"

"Ana iyawa, Baba. In dai ba a zubar da kwandon ba." Ta juya. "Yaya, suna ciki, ko?"

Gogan ya sosa ƙeya.

"Wato, da na kori na farko-farkon, sai na ga wuri bai ƙaru ba. Na bi sawu. Sai na tarar da su duk a cikin wani kwando, sun taru, taro suke yi. Sai na zubar da su. Daga nan duk wanda na kora, sai na bi shi har can na tabbatar bai samu wurin zama ba."

"Har Hal?"

"Shi ai da kaina na raka shi."

Nafisat ta zauna a kan kwalin takarda. Ta ce sai an sake zuba wa kwamfutar komai daga farko, sannan a bi kowace na'ura a nemo mata tafintanta, kuma mai faifan firintar yana Kano. In an yi sa'a, jibi.

Daga tasha aka danna hon mai tsawo. Sama'ilu ya sake leƙowa.

"Alhaji, Hajiyar nan ta ɗora jakarta a kujerar. Ƙafa ɗaya ta rage mata."

Alhaji Maikasuwa ya jawo takalminsa, ya sa ɗaya, ya sa ɗaya. Ya miƙe, ya kaɗe babbar riga, ya dubi hannayensa biyu, ba komai a ciki. Ya ce wa Nafisat Allah ya yi mata albarka, ya ba ta haƙurin zama da 'yan'uwa. Sannan ya juyo wajen gogan, wanda tuni ya zube ƙasa.

"Yaro. Maganar Bahijja. Na goge ta."

Ya nufi ƙofa. Gogan ya bi shi da rarrafe har bakin shago, ya kama gefen rigarsa.

"Baba, amma dai tana cikin kwando, ko?"

Alhaji bai ko waiwayo ba.

"Da kaina na raka ta."